Hotunan da Na Yanke Kafin Su Iso Gida

Jaradiya, Riyad
Ranar Juma'a, bayan la'asar

Zuwa ga 'yata Ummi,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan ta same ki lafiya, ke da Mamanki da ƙannenki. Allah Ya tsare min ku, Ya sa tafiyar da ke gabanki ta zama ta alheri, Ya kai ki lafiya, Ya haɗa ki da mutanen kirki. Ni dai alhamdu lillahi. Gwiwa ce kawai, ita ma mun saba da juna.

Yau sati uku ba mu yi magana ba, kuma ni na kashe wayar, na sani. Abu guda kika roƙe ni: in aiko miki da ɗanyun hotunan bidiyon da nake ɗauka a nan shekara goma sha huɗu, yadda suke, kafin in sa musu hannu. Kin ce Madam Hilda, Bajamushiyar da za ta koya miki haɗa fim, ta yanka miki sharaɗi, aikinki na farko in kin isa Hambug ta ƙasar Jamus shi ne ki haɗa fim na minti goma daga hoton da ba ke kika ɗauka ba, a kan wani da kika sani. Kika zaɓe ni. Ni kuwa na daka miki tsawa, na ce ni ba abin kallon Turawa ba ne. Kika ce, "To, Baba," da irin muryar da Mamanki take yi in ta gama da mutum.

Saura kwana goma sha biyu jirginki ya tashi. Memorin da hotunan suke ciki yana nan gabana a kan katifa. Alhaji Tasi'u, wanda muke ɗaki ɗaya da shi, zai taho Kano jibi, shi zai kawo takardar nan, kuma wallahi har yanzu da nake rubutu ban sani ba ko memorin zai shiga ambulan ɗin. Bari dai in rubuta, mu gani.

Ba zan cika miki kunne da ki riƙe salla ki kama kanki ba. Mamanki da kawunnanki sun yi wannan har sun zarce, kuma na san 'yar da na haifa. Abin da ni kaɗai zan iya faɗa miki na sana'ar ne, domin na yi ta kafin ke, na kuma ɓata ta da hannuna.

Kin san na yi editin, wato haɗa hoton fim, a Kano, amma ba ki san yadda na bari ba. Ana ce muku kasuwar kaset ce ta mutu. Ta mutu ɗin, amma na riga ta.

Shekara takwas na yi a wani ɗaki a saman bene a Fagge, ni da kwamfuta da fanka mai ƙara. Wata rana wani darakta ya kawo min aikin da ya lalace tun daga lokeshin. Jarumar ta yi fushi ta tafi ana tsakiyar ɗauka, rabin labarin babu shi. Na zauna wata guda ina juya abin, na ɗauko ƙarshe na mai da shi farko, na sa labarin ya zama kamar mijin ne yake tuna ta bayan ta tafi. Fim ya fita, ya karɓu, har a motar haya ana zancensa. To kafin ya fita, daraktan ya ba ni takardar sunayen da za a rubuta a ƙarshe. Na karanta. Akwai mai gidan da aka ara, akwai matar da ta dafa abinci, akwai direban bas. Babu Sabi'u.

Ummi, ni na buga sunayen nan da hannuna. Layi ɗaya zan ƙara, ba wanda zai ce min don me. Ko in ɗaga waya in ce, "Ranka ya daɗe, an manta da ni." Ban yi ko ɗaya ba. Na buga yadda aka ba ni, na zauna ina jira ya gani da kansa ya zo ya ba ni haƙuri. Ina so a san darajata ba tare da na buɗe baki ba. Ba wanda ya lura. Da na kasa daurewa bayan wata biyu na yi masa magana, sai ya yi dariya ya dafa kafaɗata.

"Haba Sabi'u! Kai da alƙalami yake hannunka? Kuma wa yake karanta rubutun ƙarshe? Lokacin ai kowa ya tashi neman takalminsa."

Gaskiya ya faɗa, shi ya sa ta fi ciwo. Na haɗiye, na ajiye a raina. Da ya kawo fim na gaba, akwai wani sin, wato fitowa, na rasuwa, wani dattijon ɗan wasa yana yi wa 'ya'yansa wasiyya. An ɗauka sau uku. Biyu sun yi kyau. A na ukun gemun da aka manna masa ya saki ta gefe ɗaya yana lilo, shi bai sani ba, yana ta kuka da gaske. Na ukun na sa. Daraktan yana sauri, bai duba ba, aka buga kaset. Na ce bari a yi masa dariya.

Ba shi aka yi wa dariya ba. Dattijon aka yi wa. Yara suka riƙa bin sa a unguwa suna riƙe haɓa. Mutumin da bai taɓa yi min komai ba sai gaisuwa, ya daina samun kira zuwa lokeshin. Masu sana'a kuwa sun gane ba kuskure ba ne, domin sun san idona. Aiki ya daina hawowa benen nan. Shekara ba ta zagayo ba na fara neman biza.

Don haka ki ji. Ki nemi sunanki da bakinki, tun kafin ki taɓa aikin, a rubuta a takarda. Ba rashin kunya ba ne. Jamusawa ma, yadda na ga masu gidana, sun fi ganin girman wanda ya faɗi abin da yake so a fili. Kuma duk ranar da darakta ya ɓata miki rai, zai kuwa ɓata, ki tashi ki same shi ki faɗa masa a fuskarsa, ko ki ajiye aikin. Kada ki rama ta cikin hoto. Wanda yake cikin hoton shi zai sha, kuma shi ba ya ɗakin, ba zai iya kare kansa ba.

Yanzu Madam Hilda. Kin san ta ta waya, ni na san ta a mota, kuma mota ta fi waya tona mutum.

Yayar mahaifiyar maigidana ce, wanda nake tuƙa iyalinsa a Unguwar Ofisoshin Jakadanci. Shekara biyu da suka wuce ta zo hutun sati shida lokacin sanyi. Ranar farko na buɗe mata ƙofar baya, ta zagaya ta shiga gaba ta zauna kusa da ni. Masu gadin ƙofa suka yi ta kallo. Wani direba ɗan Damagaram ya ce min, "Sabi'u, an yi amarya ke nan? Ka ce mu zo walima." Na ce ya ji tsoron Allah, matar ta girmi uwarsa.

Da ɗan Turancina da nata muka riƙa hira. Da ta ji na taɓa editin, sai ta juyo gaba ɗaya ta dube ni, karo na farko a ƙasar nan da wani ya tambaye ni abin da na iya ban da tuƙi. Ta ba ni labarinta a hanyar kasuwa da hanyar asibitin haƙori, guntu-guntu.

Ta shiga sana'ar tana 'yar shekara goma sha tara, lokacin fim abu ne da ake riƙewa a hannu, dogon zare kamar tef ɗin tela, a yanka da reza a manne. Shekara huɗu ba a bar ta ta yanka ko taƙi ɗaya ba. Aikinta ta sa farar safar hannu, ta rubuta wa kowane yanki lamba, ta rataye shi a ƙusa, in uwar ɗakinta ta miƙo hannu ba tare da ta juyo ba, ta ɗora mata wanda take nufi. Daga nan ta yi fina-finan 'yan sanda na talabijin, masu yawan da ta ce ita ma ta daina ƙirgawa, ta yi na silima, ta yi na labarin gaskiya. Ta yi aiki a Jamus, ta yi a Ostiriya, ta yi a Suwizalan, inda ta ce Jamusancinsu sai da aka riƙa fassara mata, kamar a kai Bakano ƙauyen Gobir. Da kwamfuta ta zo, tana da shekara kusan hamsin ta koma ɗaliba a gaban yaran da a haife ta haife su. Ta yi wa wani darakta aiki shekara ashirin, duk fim ɗinsa ita ta haɗa, wata rana ta karanta a jarida ya fara sabon fim da wani matashi. Bai ko kira ta ba. Ta ce akwai shekarar da ta yi wata bakwai wayarta ba ta yi ƙara ba. Bayanta ya lalace, idonta ɗaya ya yi rauni, aurenta bai kai ko'ina ba, kuma yawancin rayuwarta ta yi ta ne a ɗakin da ba taga.

Na ce mata, "To Madam, me ya hana ki bari?"

Ta ce, "Kai da ka bari, ka huta?"

Na ce mata danja ta ba mu hannu.

Na faɗa miki wannan ne don ki san abin da za ki shiga. Ba jan kafet ba ne da walƙiyar kamara. Za ta sa ki jera hoto da rubuta lamba wata da watanni, ke da kike ganin kin ƙware a bidiyon biki da fina-finan intanet. Za ta goge aikin kwana uku ta ce sake, ba za ta ce sannu ba. Ba mugunta ba ce, haka aka yi mata, kuma ba ta san wata hanya ba. Ki daure. Amma ba waliyyiya ba ce, kada ki mai da ta uwa. Ta faɗa min da bakinta cewa ta taɓa haɗa wani fim a kan baƙin ma'aikata a ƙasarsu, ta cire duk maganarsu, ta bar fuskokinsu kawai wani Bajamushe yana bayani a kansu, don darakta ya ce ba wanda zai zauna karanta fassara. Ta ce har yau abin yana damunta. Na yarda yana damunta. Amma ta yi, kuma an ba fim ɗin yabo.

Saboda haka ki ƙware a Jamusanci fiye da yadda ake buƙata. Ki iya shi har ki gane inda mutum ya yi ƙarya da inda ya ji kunya a cikin muryarsa. In ba haka ba, za su ajiye ki a gefe, duk ranar da aka ɗauko hoton yunwa ko na 'yan ci-rani daga Afirka a ce a kira Ummi ta fassara. Ki yi wannan ɗin in ya zo, gara ke da wani. Amma ki nemi a ba ki nasu, na soyayyarsu da na 'yan sandansu da na faɗan gadonsu. Edita kika je zama, ba tafinta ba.

To, ga abin da ya sa na yi miki tsawa. Na daɗe ina zagaye shi.

A nan, duk wanda ya san ka iya wani abu sai ya kawo maka. Tun da aka gane na iya haɗa hoto a waya, na zama mai yi wa mutane bidiyon gida. Ke kin ga irinsu, duk Salla suna yawo a wayoyin mata. Mutum ya yi wanka, ya ari farar jallabiya, mu je gaban wani babban kanti ko gefen motar da nake tuƙawa ranar da na kai ta wanki, ya tsaya ya gai da kowa da kowa da suna. Ni kuma in gyara, in cire inda ya yi tuntuɓen harshe, in cire kwandon shara, in ƙara haske, in sa ɗan sauti a ƙasa. Ba na karɓar komai. Ina jin daɗi ne kawai hannuna bai mutu ba.

Wata rana muna jiran maigida a mota, na nuna wa Madam Hilda guda ɗaya da nake alfahari da shi. Na Isuhu ne, wani ɗan Maraɗi da muka zauna ɗaki ɗaya shekara uku, yana aikin gini a unguwar Shifa. Ta kalla ba ta jin ko kalma ɗaya. Ta ce in maimaita. A karo na biyu ta sa yatsa ta tsayar.

"Nan. Me ka cire?"

Na ce ba komai, tari ya yi.

Ta ce, "Inuwar falwaya tana kafaɗarsa, yanzu tana ƙasa. Wannan tari ya kai minti ashirin. Kuma dubi idonsa. Mutumin da ya fara magana ba shi ne ya ƙarasa ba."

Shekara biyar bidiyon nan yana yawo, ba wanda ya gani, sai tsohuwa mai ido ɗaya da rabi.

Abin da na cire shi ne wannan. Injin buga bulo ya cinye wa Isuhu yatsu biyu wata uku kafin Sallar. Bai gaya wa gida ba. Ya tsaya jikin motar, hannun a aljihu, yana gaisuwa lafiya lau. Da ya zo kan sunan mahaifiyarsa, gumi ya zubo masa, ya manta ya zaro hannun ya share fuska. Ya ga hannun, ya ga kamara. Sai ya zauna a ƙasa a wurin, cikin jallabiyar aro, ya ce, "Inna, na gaji. Wallahi na gaji." Ban kashe kamarar ba. Muka jira ya huce, ya wanke fuska, ya tashi ya ƙarasa. A hanya ya ce, "Malam Sabi'u, ka san abin da za ka yi da wancan wurin." Na ce na sani.

Na haɗa shi ya yi kyau ƙwarai. Har na ƙara wani abu da bai roƙe ni ba: na ɗauko inda ya buɗe ƙofar motar don ya ajiye gorar ruwa, na sa a ƙarshe, sai ya zama kamar shiga zai yi ya ja abarsa.

Isuhu yana da ƙane, Hamisu, magidanci mai 'ya'ya biyu, tela ne da kekensa da masu kawo masa ɗinki. Ya kalli bidiyon nan ya fi sau ɗari, shi ya faɗa min daga baya. Isuhu ya yi ta ce masa kada ya zo, shi kuwa ya ɗauka baƙin ciki ne, yaya yana hawa mota ba ya so ƙane ya hau. Ya sayar da keken, ya bi ejan. An ce masa shagon ɗinki, aka kai shi kiwon raƙuma cikin sahara, tafiyar awa shida daga nan, shi da rediyo. Shekara biyu. Ranar da ya samu ya iso Jaradiya, ya shigo ɗakinmu ya ga katifu shida a ƙasa, ya ga hannun yayansa. Bai yi kuka ba. Ya dube mu ɗaya bayan ɗaya ya ce, "Wane ne mai haɗa hoton?"

Na ce ni ne.

Ya ce, "Hannunka yana da kyau, Malam. Allah Ya ƙara basira."

Na fi son da ya mare ni.

Na gaya wa Madam Hilda duk wannan a motar. Na zaci za ta ce na yi laifi, ko ta ce ba laifina ba ne. Ba ta ce ko ɗaya ba. Ta tambaye ni, "Uwar fa? Ta ga hannun kafin ta mutu?" Na ce a'a, ta rasu tana ganin ɗanta yana cikin daula. Ta ce, "To ka yi wa uwar fim mai kyau, ka yi wa ƙanen mugun fim, kuma fim ɗaya ne. Cire kukan, shi ya roƙe ka. Ƙofar motar fa, wa ya roƙe ka?"

Ba zan ce miki kada ki yanke ba, ai yankan shi ne sana'ar, kuma wani yankan rufin asiri ne, Allah ma Yana son sa. Isuhu yana da haƙƙin kada uwarsa ta gan shi a ƙasa. Abin da nake ce miki, akwai bambanci tsakanin ki rufe wa mutum rauninsa da ki ƙara masa abin da ba shi da shi don aikinki ya yi daɗin kallo. Na biyun ni na yi shi, don jin daɗin hannuna. Kuma kafin ki ce kin gama kowane aiki, ki zauna ki lissafa waɗanda za su kalla, ba wanda ya ba ki aikin kaɗai ba. Ki tambayi kanki, in wani ya gaskata wannan gaba ɗaya, me zai tashi ya aikata gobe da safe?

Saura nawa. Na san kin riga kin hango.

Falon nan mai labule ruwan toka da kuka sani a matsayin ɗakina, ɗakin jiran direbobi ne a gidan maigida. Kafin shi, wanda kuke gani da firji, ofishin wani mai gadi ne ɗan ƙasarmu. Ba ku taɓa ganin inda nake kwana ba. In na zo hutu kuna tambayata labarin ɗakina, ina amsawa, har na san wace kusurwa na ce gadona yake.

Wannan ƙarami ne. Babban shi ne na rasuwar Hajiya, mahaifiyata, mai sunanki.

Kina 'yar shekara goma sha huɗu. Lokacin ina wajen kafilina na farko, mai motocin ɗaukar kaya, kuma ba a fita daga ƙasar sai da sa hannunsa. Na je na same shi, ya yi min ta'aziyya da kyau, har ya rungume ni, sannan ya ce azumi ya matso, kaya sun yi yawa, in bari bayan Salla. Ba zan ce azzalumi ne ba, ya yi min wasu alheran. Amma uwata aka binne ina sauke katan-katan na man girki.

Na ce to bari in aika da bidiyon ta'aziyya a nuna wa dangi. Na jingina waya a kan tayar mota a bayan sito, da tsakar rana, lokacin cin abinci. Sau goma sha ɗaya na ɗauka. Goma ban kai ƙarshe ba. A wani na kira sunanta na yanka, abin da ban taɓa yi ba tana raye. A wani na zagi ƙasar nan, na zagi kaina, na zagi daraktan Fagge. A wani ban ce komai ba, minti shida. Na goma sha ɗayan ne na samu na yi magana kamar limami, na ce haƙuri, kowa zai tafi, a raba kayanta yadda shari'a ta ce. Shi na aiko. Na ce namiji ne ni, babba a gida, in suka gan ni a rushe wa zai riƙe su?

Da na kira bayan kwana biyu, kina kusa da wayar, ba ki san ina ji ba, kika ce wa Mamanki, "Baba ko kuka bai yi ba." Mamanki ta ce, "Ƙyale shi, ƙasar ta busar masa da zuciya."

Shekara goma ke nan. Na zo hutu sau biyar a tsakani, kuma kowane zuwa ina ganin maganar nan a idon Mamanki in an ambaci Hajiya. Ke ma tun daga ranar kika koma gaishe ni kamar malamin makaranta. Sau da yawa na yi niyyar in ce muku ba haka ba ne. Sai in ji irin abin nan na benen Fagge ya taso min, in ce ai ya kamata su gane da kansu. Kin ga, kuskure ɗaya ne nake ta maimaitawa, kaya kawai yake canzawa.

Ban goge ko ɗaya ba. Duk wayar da na canza sai na kwashe su. Ban san dalili ba, wataƙila edita ba ya iya zubar da ɗanyen hoto. Da kika ce in aiko, ba Turawa na ji wa kunya ba, Ummi. Su wa suka san ni? Ke na ji wa.

An kira magariba, na je na dawo. Alhaji Tasi'u ya ga ina ta rubutu ya ce, "Malam Sabi'u, wannan takarda ce ko kundin shari'a? Ka san kilo ashirin da uku aka ba ni." Na ce ya rage dabino.

Na sa memorin a cikin ambulan. Na naɗe shi a takarda na manne a jikin shafin ƙarshe, ki cire a hankali.

Ga sharuɗɗana, kuma ba na wasa ba ne. Na Isuhu da na sauran mutane suna ciki, don ban samu sararin rarrabe su duka ba. Ba nawa ba ne, ba naki ba ne. Isuhu ya koma Maraɗi, lambarsa tana bayan takardar nan. In kina son ko daƙiƙa ɗaya ta hotonsa, ki kira shi, ki gaishe shi da Baba, ki gaya masa su wa za su kalla. In ya ce a'a, ko ya yi shiru, ko ya ce "yadda kika gani," duk a'a ne. Ko Madam Hilda ba za ta gani ba.

Nawa kuwa na ba ki. Ki yanka yadda sana'a ta nuna miki. Kada ki gyara ni don ni ubanki ne, kada kuma ki mai da ni abin tausayi don su tafa miki. Na yi dariya a ƙasar nan, na ci kabsa, shinkafarsu da nama, da abokai har na kasa tashi, yana ciki, ki duba. In kin gama ki rubuta sunanki a ƙarshe, cikakke, da na ubanki a jiki.

Amma kafin Hambug, kafin kowa, akwai waɗanda na ajiye a wuri guda na rubuta musu "Hajiya". Ki kai ƙannenki gidan kawunku, ki rufe ƙofa, ki zauna da Mamanki ku kalla, duka goma, ba tsallake. Ni ba zan iya gaya mata ba, na gwada shekara goma. In kun gama, in tana so, ku kira ni ta bidiyo. Ranar Juma'a ina ɗaki tun daga sallar Juma'a har isha. Zan ɗauka a inda nake, ba zan tashi in nemi bango mai kyau ba.

Ki yafe min tsawar da na yi miki. Na yafe miki duk abin da kika sani da wanda ba ki sani ba, duniya da lahira. Allah Ya sa ki sauka lafiya, Ya tsare ki a ƙasar da ba ki da kowa, Ya ba ki haƙurin koyo da idon gani, Ya kare mutane daga sharrin hannunki, Ya kare ki daga nasu. Allah Ya yi miki albarka. Ki gai da Mamanki, ki ce mata na ce ta yi haƙuri da ni.

Wassalam.

Mahaifinki,
Sabi'u